Sa Hannun Inna Galiema

An yi wani mutum a nan cikinmu, a Athlone aka haife shi, a nan ya girma. Ba za mu kama sunansa ba, ya 'yan uwa, domin yana nan da ransa, kuma ba tonon asiri ya tara mu ba.

Mutumin nan ba mashayi ba ne, ba ɗan caca ba ne. Yana sallarsa, yana azuminsa. Shi ne shugaban masu yankan yadi a wani kamfanin ɗinki da ke Salt River, albashinsa yana riƙe shi da matarsa Shamiela da 'ya'yansu mata biyu. Suna zaune a ɗakin baya na gidan mahaifiyarsa, Inna Galiema.

Gidan ƙarami ne, ɗaki uku da 'yar tsakar gida. Mahaifinsa ne ya gina shi kafin ya rasu, kuma da kanala ya gina shi. Kun san yadda abin yake. Ranar Lahadi da safe magini ya zo da kayan aikinsa, kafinta ya zo, mai haɗa famfo ya zo, babu mai karɓar ko sisi. Mai gida ya sayi bulo da siminti, matan gida su soya fanken kusista su ɗora tukunyar shinkafar biryani. In an gama naka, Lahadinka ta zama ta wani. Kalma ɗaya ce ta ɗaure abin duka. Idan mutum ya dube ka ya ce kanala, don Allah ya roƙe ka, kuma a wurinmu ba a tambayar mai kanala nawa ne, ko don me, ko har yaushe. Tashi ake yi a yi masa.

Da yara suka fara girma, ɗakin baya ya yi musu kaɗan. Wannan ba laifi ba ne. Son mutum ya rufe ƙofar kansa ba zunubi ba ne. Kawunsa Armien, ƙanen Inna Galiema, tsohon magini ne, shi ya kira shi ya ce ya nemi ɗan fili ko da a bayan gari ne, su za su tayar masa da gida a hankali, shekara uku ko huɗu, gwargwadon bulon da ya iya saye kowane wata.

Mutumin ya yi godiya, amma ya ƙi. Ya ce shi ba zai yi shekara huɗu yana kwaɓa siminti ba, sannan ya yi wasu shekarun yana tura baro a gidajen mutane don ya rama. Ya ce ba ya son a riƙa nuna bangon ɗakinsa ana cewa wane ne ya yi masa. Yana son gidan da ba wanda zai ce yana binsa komai.

Kawu Armien ya yi dariya, ya ce, "To, hannun almakashi, ba a tilasta maka. Amma ka ji ni da kyau, ɗana. Mu Lahadi kawai muke ci. Wanda za ka je wurinsa, har Juma'arka zai ci."

Gaskiyar abin da ke zuciyarsa ita ce, akwai wani abokin aikinsa da yake ƙasa da shi a kamfani, ya sayi gida a Lansdowne mai garejin mota da ƙofar ƙarfe. Tun ranar da aka gayyace shi walimar gidan nan bai ƙara ganin kyan gidan uwarsa ba. Bai daɗe ba ya samo wani gida a layin da ke baya, rand dubu ɗari shida a kuɗinmu na nan. Ya nufi banki.

Matar da ta karɓe shi a banki ba ta cuce shi ba. Ta ce masa shekara ashirin, kowane wata dubu shida da ɗari biyu. Ya lissafa a ransa, ya ga albashinsa zai ɗauka in an ɗan matse. Ta juya shafi ta ɗora alƙalami a kan wata lamba a can ƙasa, ta ce wannan shi ne jimillar abin da zai biya kafin ya gama: miliyan ɗaya da kusan rabi. Ya gani da idonsa. Amma idonsa ne kawai ya gani. Kunnensa yana can wurin dubu shida da ɗari biyu, zuciyarsa tana can wurin ƙofar ƙarfe. Ya ce a ransa, shekara ashirin da nisa, kafin nan albashi ya ƙaru.

Sai ta ce akwai magana ɗaya. Tun da ba shi da abin da zai ajiye na farko, banki yana son wanda zai tsaya masa, mai gida na kansa, wanda za a riƙe gidansa jingina idan biya ya gagara.

Mutum ɗaya ya sani a duniya mai gidan da ba bashi a kansa.

Ya 'yan uwa, a nan ne hanya ta rabu biyu. Har zuwa wannan lokaci mutumin nan mai gaggawa ne, mai ɗan girman kai, ya kuma kusanci ribar da aka hane mu. Amma bai ci amanar kowa ba tukuna.

Ya ɗauki Inna Galiema a mota wata Talata. A hanya ya ce mata shaida kawai za ta yi, cewa shi ɗanta ne kuma mutumin kirki ne. Ta yi dariya ta ce wannan ai ko a gaban alƙali ta faɗa. A ofishin lauya aka zaunar da ita, lauyan ya fara karanto takarda da sauri, da Turancin da ya fi ƙarfinta. Ba ta bi shi duka ba, amma ta tsinci kalma ɗaya da ya maimaita har sau biyu: gidanki. Ta ajiye alƙalamin. Ta juyo ta dubi ɗanta ta ce me ya kawo gidanta cikin maganar shaida, ko a bari Armien ya zo ya duba?

Ya san abin da Kawu Armien zai ce in ya duba. Sai ya sunkuyo kusa da ita, ya sassauta murya.

"Inna, kanala."

Shi ke nan. Tsohuwa ta ɗauki alƙalami ta ce wa lauya ya isa haka, ya nuna mata wurin. Lauyan ya sake tambaya ko ta gane, ta ce ta gane. Ta rubuta sunanta harafi bayan harafi a wuri huɗu. Shekara sittin da biyar ta yi a duniya ba ta taɓa tambayar mai kanala dalilinsa ba, ba kuma a kan ɗanta za ta fara ba.

Ku duba wannan da kyau. Ya ƙi kanala ranar da za ta ci guminsa. Ya ɗauko ta ranar da za ta ci gidan uwarsa.

Aka tare. Aka yi saukar karatu, aka ci aka sha, Inna Galiema ta zagaya ɗakuna tana shafa bango tana sa albarka. Shekara ta farko ba laifi, sai dai gida ya zo da bakunan da ba a lissafa da su ba: harajin hukuma, kuɗin inshora, rufin da ya fara yoyo da ruwan hunturu na farko, tun da a nan lokacin sanyi ake ruwan sama. A shekara ta uku kuɗin ruwa ya tashi a ƙasa baki ɗaya. Wasiƙa ta zo, wata ta biyo, wata ta biyo, har biyan wata ya kusa dubu takwas. Ya je ya yi ƙorafi, aka nuna masa wurin da ya sa hannu cewa ya yarda kuɗin ruwa ya hau ya sauka.

Ya fara karɓar aikin ƙarin lokaci. Ya fara tuƙa wa wani motar haya Asabar da Lahadi. Ɗan abin da yake bai wa mahaifiyarsa kowane wata ya rage shi, daga baya ya daina. Aka cire ƙaramar 'yarsa daga makarantar allo ta yamma don kuɗin wata. A kamfani ana ba musulmi awa biyu ranar Juma'a, a cire daga albashi. Ya fara cewa mako ɗaya kawai zai tsallake. Wurinsa a sahu na biyu wani ya gaje shi.

Duk wannan wahala yana shan ta da fata ɗaya. Yana ce wa Shamiela, haƙuri, kowane wata bashin raguwa yake. In ta yi maganar takalmin yara ya ce ta tuna gidan nasu ne, ba haya suke ba.

Da aka cika shekara bakwai sai ya ce bari ya ga inda aka kwana. A lissafinsa, shekara bakwai cikin ashirin, ai an ci kashi ɗaya cikin uku, saura kamar dubu ɗari huɗu. Ya buɗe takardar banki a wurin cin abincin rana, tsakanin teburan yanka. Abin da ake binsa: dubu ɗari biyar da goma sha biyar.

Ya sake karantawa. Ya ɗauki allin da yake zana yadi da shi, ya lissafa a kan tebur abin da ya zuba tun farko. Ya haura dubu ɗari biyar da hamsin. Ya kusa biyan kuɗin gidan duka, amma bashin ko dubu ɗari bai sauka ba. Ya tabbata kuskure ne. Bai ci abincin ba, ya nemi izini ya tafi banki.

Wani saurayi mai haƙuri ya zaunar da shi ya nuna masa layi bayan layi. A watan farko, cikin dubu shida da ɗari biyu da ya biya, dubu biyar da ɗari biyar kuɗin ruwa ne. Ɗari bakwai kacal suka taɓa uwar kuɗin. Wata na biyu kusan haka. Haka aka tsara shi: banki yana ɗibar ribarsa a gaba, uwar kuɗi sai can a shekarun ƙarshe take fara narkewa. Babu kuskure ko na kwabo.

Ya 'yan uwa, kun ga abin da bai gane ba? Yana cewa shi ba ɗan haya ba ne. Ashe haya yake biya, ba ta gida ba, ta kuɗi. Kuma mai gidan haya in ka gaza, kayanka kawai za ka kwashe ka fita. Wannan mai gidan yana riƙe da takardar gidan uwarsa.

Ya fito ya zauna a bakin titi ya daɗe. A ranar akwai mafita. Da ya sa gidan a kasuwa da kansa, a hankali, da ya sami abin da zai rufe bashin ko ya kusa, a saki gidan Inna Galiema, ya koma ɗakin baya da kunyarsa. Amma sayar da gida yana nufin a tambaye shi dalili. Dalili zai kai ga banki, banki zai kai ga ofishin lauya, ofishin lauya zai kai ga ranar Talatar nan. Ƙaryar da ya yi sau ɗaya ita ce ta tsaya a bakin ƙofar fita. Ya ninke takardar ya sa a aljihu, ya koma aiki.

Bayan shekara ɗaya kamfanin ɗinki ya rufe, kamar yadda da yawa suka rufe a lokacin. Kuɗin sallama suka riƙe shi wata biyar. Ya sayar da motarsa. Shamiela ta cire awarwaron aurenta ta ba shi, ta ɗauko keken ɗinki ta fara karɓar labule da kayan makaranta. Ya koma banki ya roƙa, suka rage masa biyan wata suka ƙara masa shekaru. Ya lissafa ya ga sai ya kai shekara saba'in da ɗaya zai gama. Ya sa hannu. Wanda ruwa ya ci, ko takobi aka miƙa masa kamawa zai yi.

Ko ragaggen ma ya gagara. Wata ɗaya ya wuce, biyu, shida. Wasiƙu suka canza launi, daga na banki suka koma na lauyoyi, kuma kowace wasiƙar lauya da kuɗinta a kansa. Ya daina buɗe su, yana tura su bayan kabad. In waya ta yi ƙara ba ya ɗauka. Ya bi kamfanoni da ƙafa har takalminsa ya huje, ana ce masa shekarunsa sun ja. Ya rame har mutane suka fara tambayar Shamiela ko ciwon suga ne.

Sau uku yana zuwa gidan mahaifiyarsa da niyyar faɗa mata. Sau uku tana ajiye masa kwano tana cewa ya ci, ya bushe kamar kifin rataye, wai gidan masu kuɗi ba a girki ne? Sai ya ci, ya yi murmushi, ya tashi.

Aka yi gwanjon gidan Lansdowne. A gwanjo ba mai sayen abu da darajarsa. Ya tafi a dubu ɗari uku da tamanin. Abin da ake binsa, da biyan da ya tsallake da kuɗin ruwan da ya hau kansu da ladan lauyoyi, ya kai dubu ɗari shida da goma. Wato bayan shekara tara yana biya, bashin ya fi ranar da ya karɓe shi. Sauran dubu ɗari biyu da talatin, banki ya waiwaya wurin wadda ta tsaya masa.

Ita kuwa Inna Galiema an gaya mata sun sayar ne don su koma kusa da iyayen Shamiela. Wata safiya tana shanya, ma'aikacin kotu ya ƙwanƙwasa ƙofa ya miƙa mata takarda. Maƙwabciyarta ce ta karanta mata. Ta gama shanyarta, ta aika a kira ɗanta.

Ya same ta a kicin. Ta ce ya zauna. Bai iya zama a kujera ba, ya durƙusa a ƙasa. Ta ce tambaya ɗaya za ta yi masa: ranar nan a ofishin lauya, ya san abin da ke cikin takardar?

Ya ce ya sani.

Sannan ta ce, "Da ka gaya mini gaskiya, da na sa hannun duk da haka. Ɗana ne kai. Amma da na san abin da zan roƙa a wurin Allah shekara tara. Ka bar ni ina yi maka addu'ar lafiya da buɗi, gidan ubanka yana rataye ban sani ba."



Kawu Armien ya zo da ya ji. Bai yi zagi ba. Ya karanta takardar a tsaye, ya dubi ɗan 'yar uwarsa ya ce da ya zo musu shekara biyu da suka wuce, da akwai abin yi. Duk da haka bai zauna ba. Ya bi dangi, ya bi masallatai, mata suka yi ta soye-soye ana sayarwa. Aka tara dubu sittin, kuma dubu sittin a wurin talakawa dutse ne. Bai isa ba. Shari'a ta ja fiye da shekara, aka roƙi kotu, aka ɗaga, aka sake ɗagawa, kuɗin ruwa kuwa bai san ɗagawa ba, kullum tafiya yake. A ƙarshe aka sayar da gidan Athlone.

Ranar tashi, mutumin nan shi ya ɗauki kayan uwarsa zuwa mota da hannunsa. Tana zaune a kujera a bakin titi tana kallo. Ta ce wa maƙwabciyarta tana 'yar shekara goma sha huɗu motar gwamnatin Turawa ta kwashe su daga unguwarsu ta gindin dutse, aka rushe gidajen. Ta ce wancan karon da sauƙi, domin akwai wanda za ta yi wa Allah ya isa.

Ɗan Kawu Armien ya ba ta ɗakin katako a bayan gidansa a Bonteheuwel. Gado ɗaya, kujera ɗaya, risho. Shamiela da yara suka zauna wurin iyayenta. Shi ya kama ɗaki a Mitchells Plain, yana gadi a wani shago. Inna Galiema ba ta tsine masa ba, ba ta rufe masa ƙofa ba. In ya zo ta dafa masa shayi, ta tambayi jikokinta. Ya ce da ta zage shi da ya fi samun sauƙi.

Kun san sanyin wurin nan in ruwan hunturu ya sauka, kun san yadda katako yake shan danshi. Hunturu na biyu ƙirjinta ya kama. Ta rasu wata Alhamis da hantsi. Da mata suka zo yi mata wanka, ɗakin bai isa a shimfiɗe ta su tsaya su huɗu ba. A falon maƙwabta aka yi mata sutura, daga ƙofar mutanen da ta sani shekara ɗaya da rabi kawai aka ɗauki makararta. Ɗanta yana gaba yana ɗauke da gefe ɗaya a kafaɗarsa, har maƙabarta bai yarda kowa ya karɓe shi ba.

Ya 'yan uwa, mutumin nan ya zuba fiye da dubu ɗari shida da hamsin a hannun banki. Me ya rage masa? Ba gidansa, ba gidan ubansa, ba uwar da zai ce wa ta ƙara yafe masa sau ɗaya.

Ba mu kawo labarinsa don mu ce mun fi shi ba. Da yawanmu a nan akwai irin wannan takarda a gida. Wanda bai shiga ba tukuna, kafin ya ɗauki alƙalami ya zauna da takarda fara, ya ninka biyan wata da yawan watanni, ya dubi lambar da ta fito har sai zuciyarsa ta gan ta, ba idonsa kaɗai ba. Ya tambaya nawa ne cikin biyansa yake taɓa uwar kuɗi. Ya tambayi kansa, in aikin nan ya tafi gobe, wa za a kama? Ya kuma tambayi malamai ko akwai hanyar da ba riba, ko da ta fi jinkiri. Wanda ya hana mu riba ya fi mu sanin lissafi.

Wanda kuma ya riga ya shiga, kada ya yanke ƙauna. Ya nemi gafara, ya nemi fita. Duk ɗan abin da ya samu ya ɗora a kan uwar kuɗin, domin rand ɗaya a farkon shekaru yana kashe da yawa a ƙarshensu. In ya ga ruwa ya kai masa wuya, ya yi magana tun da sauran mafita. Kunyar yini ɗaya a gaban dangi ta fi gwanjo sauƙi.

Mafi girma duka, kada ɗayanmu ya karɓi yardar wanda yake ƙaunarsa a cikin duhu. Uwa, mata, ɗan uwa, in za su ɗauki kaya dominka, gaya musu nauyinsa. Sau da yawa za su ɗauka. Amma haƙƙinsu ne su sani.

Allah ya yi wa Inna Galiema rahama, ya ba ta gidan da ba a tashin kowa daga cikinsa. Allah ya karɓi tuban ɗanta, ya sanyaya masa zuciya. Masu bashi a cikinmu, Allah ya sauke musu. Mu da 'ya'yanmu, Allah ya kiyaye mu daga riba, da girman kai, da cin amanar iyaye. Amin.